Mawaƙin da ba a taɓa jin muryarsa ba: daga majigi zuwa dandalin Birnin Gwari

A shekarar 1903, shekarar da sojojin Lugga suka shiga Kano a watan Fabrairu suka wuce Sakkwato a watan Maris, kamfanin Edison na Amurka ya fitar da wani ɗan guntun fim mai suna The Extra Turn. Dandamali ne na gidan wasa. 'Yan rawa sun gama nasu, an tafa musu, sai aka fito da wani mawaƙi na ƙari. Ya gyara tsayuwa, ya buɗe baki. Kafin wani lokaci 'yan kallo sun fara jifansa da huluna da duk abin da hannu ya kai gare shi, shi kuwa ya kafe yana ta rerawa, sai da aka zo aka fitar da shi da ƙarfi. Iyakar labarin ke nan.

Babu sauti ko kaɗan a fim ɗin, domin a wancan zamani hoto ne kawai ke motsi. Ba wanda ya san waƙar da mutumin ya rera, ba wanda ya ji ko muryarsa siririya ce ko kakkaura. Amma duk wanda ya kalla, ko a Niyok yake ko a Kuyello ta ƙasar Birnin Gwari, ba ya shakkar cewa muryar nan ba ta da daɗi. Wannan dabara ta jiyar da mutum mummunar murya ta hanyar idonsa ita ce ta riƙe wani reshe guda na barkwancin farkon sinima. Tana kuma da dangi na kusa a ƙasar Hausa. Ni kuwa abin da ya ja ni gare ta shi ne, ba ta yin aiki sai da taron jama'a, kuma taron jama'a da dare yana daga cikin abubuwan da shekarun 'yan bindiga suka raba mutanen Birnin Gwari da su.

Fuskar mai sauraro

Tun fim ɗin barkwanci na farko da 'yan'uwan nan biyu na gidan Lumière suka nuna a Faransa a 1895, wanda yaro ya take tiyon mai ban-ruwa har ruwa ya fesar masa a fuska, masu wannan sana'a sun gane cewa jiki shi ne harshensu. Faɗuwa, tsere, mari, jifa, tsalle ta taga: duk waɗannan ido na fahimtarsu ba tare da tafinta ba. Waƙa ce ta zama musu ƙalubale, tun da ita abar kunne ce.

Sai suka raba aikin gida biyu. Rabi na mawaƙi ne: ya dafa ƙirji, ya lumshe ido, ya yi ɗage a kan 'yan yatsun ƙafa, ya wage baki kamar duniya ta taru don ta ji shi. Rabi na biyu, wanda shi ne ainihin muryar, yana fuskokin masu sauraro. Wani ya toshe kunne, wata ta yamutsa fuska, yaro ya fashe da kuka, makaɗa su dubi juna. A farko kyamara a wuri guda take kafe, saboda haka mawaƙi da masu jifansa suna cikin hoto ɗaya. Da aka ƙware wajen yanka fim da haɗa shi, sai aka riƙa nuna bakin mawaƙi, a yanke a nuna fuskar mai sauraro, a sake komawa bakin. Mai kallo ne ke ƙirƙirar muryar a cikin kansa, kuma kowa yakan ƙirƙiro mafi munin wadda ya taɓa ji.

Abin dariyar dai ba rashin murya ba ne. Mutane da yawa ba su da muryar waƙa, kuma ba wanda ke musu dariya. Abin dariyar shi ne mutumin bai sani ba. Gwano ba ya jin warin jikinsa. Tsakanin yadda mawaƙin ke jin kansa da yadda jama'a ke jin sa akwai wawakeken rami, kuma duk sanda ya ƙara ɗaga murya sai ramin ya ƙara faɗi.

Ba a cikin kyamara aka haifi wannan wasa ba. Gidajen wasa na talakawa a Landan da Niyok suna da daren 'yan koyo, inda duk mai jin ya iya zai hau dandamali ya gwada sa'arsa. Idan bai burge ba, a wasu gidajen Niyok akan zuro doguwar sanda mai ƙugiya daga gefe a fizge shi. Kamfanin Keystone na Mack Sennett, wanda aka kafa a 1912, ya ɗauki irin wannan dare ya yi fim da shi a 1913, That Ragtime Band, inda Ford Sterling ya fito a matsayin shugaban wasu makaɗa marasa gwaninta tare da Mabel Normand, aka kuma ƙare da jefe-jefe.

Ɗan mawaƙiyar da muryarta ta dushe

Wanda ya kai wasan nan ƙololuwa shi ne Charlie Chaplin, wanda mutanen da a Arewa suka sani da Cali. A Ingila akwai wani mai ƙungiyar 'yan wasa, Fred Karno, wanda a 1904 ya shirya wasan Mumming Birds. An gina ƙaramin dandamali a kan babban dandamali, ana fito da 'yan wasa marasa gwaninta ɗaya bayan ɗaya, wani mashayi mai kuɗi yana gefe yana hana su sakat. Chaplin ya shiga ƙungiyar a 1908, ya gaji matsayin mashayin, da shi kuma ya tsallaka Amurka a 1910. Stan Laurel, wanda daga baya ya yi suna tare da Oliver Hardy, yana cikin wannan tafiya.

A 1915, yana aiki da kamfanin Essanay, Chaplin ya mai da wasan fim mai suna A Night in the Show. Ya fito a matsayin mutum biyu. Ɗaya attajiri ne da ya sha ya yi tatil, yana kujerun gaba yana damun kowa. Ɗayan talaka ne, shi ma a buge, yana can saman bene inda kujeru suka fi araha. Da mawaƙa biyu suka fito suka fara rerawa, sai jifa ta sauko musu daga sama, na ƙasa kuma ya ƙarasa musu. A ƙarshe, da mai wasa da wuta ya hau dandamali, na saman bene ya ɗauka gobara ce, ya jawo tiyon kashe wuta ya jiƙa kowa da kowa.

Akwai wani labari a bayan wannan da ya kamata mai kallo ya sani. Mahaifiyar Chaplin, Hannah, mawaƙiyar gidajen wasa ce. A littafin tarihin rayuwarsa da ya fito a 1964, ya ba da labarin wani dare a garin Aldershot, yana ɗan shekara biyar, inda muryarta ta sarƙe tana tsakiyar waƙa a gaban 'yan kallo waɗanda yawancinsu sojoji ne. Suka yi mata ihu har ta sauka. Manajan dandamalin ya kamo hannun yaron ya tura shi gaban jama'a don ya cike gurbi. Muryar ba ta dawo ba, sana'ar ta mutu, talauci ya biyo baya har ya kai yaron gidan marasa galihu, uwar kuma ta ƙare da taɓin hankali.

Da wannan a zuciya, ina ganin fim ɗin 1915 ya fi tona asirin 'yan kallo a kan mawaƙan. Su mawaƙan neman abinci suka fito. Masu jifan su ne mashaya, su ne marasa kunya, kuma Chaplin da kansa ya zaɓi ya sa rigarsu, ta mai kuɗi da ta talaka duka. Mutumin da ya tsaya a gefen dandamali yana ganin ana yi wa uwarsa ihu ya san abin da ke cikin taron jama'a idan ya juya wa mutum ɗaya baya.

Zuwan sauti ne ya rage wa wasan ƙarfi. Bayan The Jazz Singer na 1927, mummunar murya ta zama abin da dole kunne ya jure, kuma abin da ke ba da dariya a zuci yakan gundura a kunne. Chaplin ya daɗe yana ƙin magana a fim. Da ya yarda a ji muryarsa a Modern Times na 1936, sai ya fito a matsayin mai raba abinci da aka tilasta wa yin waƙa, baitocin da ya rubuta a hannun rigarsa suka ɓace, ya rera wasu kalmomi da ba na kowane harshe ba, jiki ya isar da saƙon. Mafi yawan finafinan zamanin rashin sauti kuwa sun salwanta, domin ledar da aka ɗauke su a kai mai saurin kama wuta ce da ruɓewa. Wani bincike da babban ɗakin karatu na majalisar dokokin Amurka ya fitar a 2013 ya nuna kusan kashi 70 cikin ɗari na dogayen finafinan Amurka marasa sauti sun ɓata gaba ɗaya.

Motar majigi

A Legas an fara nuna fim a watan Agusta na 1903, a zauren Glover. Kano ta sami gidan sinima na Rex a 1937, Palace kuma a farkon shekarun 1950, amma waɗannan na 'yan birni ne masu kuɗin tikiti, kuma mutanen kirki da yawa suna ƙyamar shiga. Hanyar da hoto mai motsi ya bi ya isa talakan karkara ita ce majigi.

Wani jami'in lafiya Bature, William Sellers, shi ya fara amfani da fim wajen yaƙi da annoba a Legas, ya kuma shirya mota mai ɗauke da injin haskawa da janareta. A 1939 aka naɗa shi ya jagoranci sashen finafinai na ƙasashen da Ingila ke mulka. Motar takan iso gari da rana, a yi shela, bayan sallar isha'i a kafa farin ƙyalle a fili, sau da yawa a ƙofar fadar sarki ko gidan hakimi. Ba a biyan ko kwabo. Mata da yara, waɗanda ba sa taka gidan sinima, suna fitowa. Garuruwa irin Birnin Gwari, masu sarki da kasuwa da hanyar mota, su ne irin wuraren da aka ƙera wannan mota dominsu. Ana nuna labaran gwamnati, tsabta, rigakafi, noman auduga da gyaɗa, a tsakani kuma a saka ɗan abin dariya don kada jama'a su watse. Guntayen finafinan Chaplin suna cikin abin da sashen ya rarraba, har da wanda aka harhaɗa aka sa wa suna Charlie the Rascal. Bayan samun 'yancin kai gwamnatin Sardauna ta ci gaba da tura motocin. Brian Larkin, wanda ya yi bincike a Kano, ya bi diddigin wannan tarihi a littafinsa Signal and Noise na 2008.

Sellers yana da ra'ayin cewa ɗan Afirka na karkara ba zai fahimci fim ba sai an yi shi a hankali, ba yanke-yanke, ba dabarun kyamara. Raini ne, kuma dariyar da ake yi wa Cali ta isa ta ƙaryata shi. Mutumin da ya gane mummunar murya daga fuskar mai sauraro, a fim ɗin da aka yi a wata nahiya, ba shi da matsalar fahimtar hoto.

Jigon daren majigi shi ne mai sharhi, wanda ke riƙe da lasifika yana bayani da Hausa. A fim na tsabta aikinsa karanta darasi ne. A fim na barkwanci kuwa yana da filin sa gishiri, ya ba wannan magana, ya ba wancan amsa, ya ari bakin mawaƙi ya ci masa albasa. Wanda ya saurari finafinan Indiya da kamfanin Algaita da takwarorinsa ke juyawa zuwa Hausa a yau zai ji jikokin wannan mutum.

Mun riga mun san shi

Bahaushe bai jira majigi ba kafin ya san mawaƙin bogi. 'Yan kama sun daɗe suna yawo kasuwa-kasuwa da gidajen biki suna kwaikwayon manyan makaɗa da malamai. Su ɗauki karin waƙar fada, da tsayuwarta da isarta, su cika ta da zancen tuwo da nama da fura. Wani mai bincike, Gidley, ya rubuta a kan sana'arsu tun 1967. Bambancinsu da mutumin The Extra Turn shi ne su gwanaye ne da ke ɓata waƙa da gangan, kuma sai wanda ya iya karin sosai yake iya karkata shi daidai inda za a yi dariya.

Hukuncinmu ma daban ne. Ƙasar da ta ji Narambaɗa da Ɗanƙwairo da Shata da Barmani Coge ba ta da ƙarancin kunne, amma ba ta jifan mawaƙi da abinci. Idan waƙa ba ta yi ba, kari ne ba ya fita. Ba mai tasowa ya liƙa masa kuɗi, 'yan amshi su yi sanyi, da'irar mutane ta riƙa sirancewa har ya ga daga shi sai yara. Wani lokaci a miƙa masa ɗan abin da ya samu don ya ƙara gaba. Wannan ya fi jifa mutunci, ko da yake ban ce ya fi ta sauƙi a zuciyar mai waƙar ba.

Daga nan zaren ya bi ta talabijin ɗin Kaduna, inda Ƙasimu Yero da Usman Baba Pategi na Samanja Mazan Fama suka yi zamaninsu, ya iso finafinan bidiyo da suka fara da Turmin Danya a 1990. Wanda ya fi kowa gadon barkwancin jiki shi ne Rabilu Musa Ɗan Ibro, tsohon ma'aikacin gidan yari, wanda ya rasu a watan Disamba na 2014. Gudu, faɗuwa, zare ido, shiga rigar da ba tasa ba: kayan aikinsa ke nan. Ya kuma sha ɗaukar waƙoƙin da ke tashe ya juya su da muryar da ba wanda zai kira ta zaƙi, jama'a suna so saboda hakan. A 2008 kotun tafi-da-gidanka ta hukumar tace finafinai ta Kano ta ɗaure shi a kan fim ɗin Ibro Aloko. Barkwanci marar magana kuma bai mutu ba. Yaran Arewa sun tashi da Mr Bean, kuma Khaby Lame, haifaffen Senegal, ya zama wanda ya fi kowa mabiya a TikTok a 2022 ba tare da yana buɗe baki ba.

Filin da ya zama kango

Birnin Gwari gari ne na noma da kiwo da kasuwa, a kan tsohuwar hanyar da ta tashi daga Kaduna ta bi Buruku da Udawa ta nufi Tegina da kudancin ƙasa, ga kuma hanyar Funtuwa daga arewa. Dajin Kamuku, wanda aka keɓe tun 1936 aka kuma mai da shi gandun daji na ƙasa a 1999, ya haura murabba'in kilomita dubu ɗaya, yana haɗe da dajin Kuyambana ta ɓangaren Zamfara. Wannan faɗi da duhuwa su suka ja ɓarayin shanu, daga baya masu garkuwa da mutane da 'yan ƙungiyar Ansaru. A watan Mayun 2018 an kashe mutum fiye da 40 a harin ƙauyen Gwaska. A ƙarshen 2021 gwamnatin jihar Kaduna ta rufe kasuwannin mako, ta hana hawa babur, aka kuma katse layukan waya na tsawon makonni a yankin.

Ana ƙirga rayuka, ana ƙirga shanu da gonakin da aka bari, kuma ya kamata a ƙirga. Amma akwai asarar da ba ta shiga lissafi. A ƙauyen da ake kwana da kunne ɗaya a buɗe, ba a kunna janareta a fili, domin haske da ƙara kiran maharan ne. Dandali yakan mutu, kiɗan biki ya koma na rana a gaggauce, tashen watan azumi ya taƙaita. Yaron da aka haifa a Dogon Dawa ko Randagi ko Damari a waɗannan shekaru yana iya girma ya san dariya shi kaɗai a kan waya, daga abin da mai tura finafinai ya zuba masa a memori, bai taɓa jin yadda dariyar mutum ɗari biyar ke tashi lokaci guda ba. Wanda ya taɓa tsayawa a filin majigi ya san abu biyu ne daban. A cikin taro, dariyar tsohuwar da ke bayanka ita ke ƙara taka, kuma mutumin da kuka yi rigimar iyakar gona da shi yana gefenka yana share hawaye.

A ƙarshen watan Nuwamba na 2024 Gwamna Uba Sani ya je Birnin Gwari, ya karɓi wasu 'yan bindiga da suka ce sun ajiye makamai, aka kuma sake buɗe kasuwar kara bayan kusan shekara goma a rufe. Motoci sun dawo hanya, manoma sun koma wasu gonakin da suka bari. Sulhun ɗanye ne, kuma waɗanda aka kashe wa iyaye da 'ya'ya suna da haƙƙin tambayar ina adalcinsu. Ba na cewa fim zai amsa wannan tambaya. Cewa nake, a cikin abubuwan da masarauta ƙarƙashin Mai Martaba Malam Zubairu Jibril Mai Gwari II da ƙaramar hukuma da ƙungiyoyin matasa za su maido, a sa da taron dare na nishaɗi, domin shi ne ma'aunin da talaka ke gane ko tsoro ya ragu.

Waɗannan tsofaffin finafinai kuwa sun dace da aikin. Ba su da harshe, saboda haka Bahaushe da Bagwari da Bakamuke da Bafulatani za su tsaya a gaban ƙyalle ɗaya ba wanda aka bari a baya. Ba su taɓa ƙabilar kowa ko jam'iyyar kowa a nan ba. Haƙƙin mallakar waɗanda suka fito kafin tsakiyar shekarun 1920 ya ƙare a Amurka, ko da yake kwafin da aka gyara aka sa wa sabon kiɗa yana iya zama da mai shi. Akwai abin da za a tace, kamar shaye-shaye da shigar wasu 'yan rawa, kuma dattawan gari sun fi kowa sanin abin da za a nuna a gaban iyali. Kayan aikin ba su da yawa: ƙaramin injin haskawa, batirin sola wanda ba ya ƙara, farin ƙyalle, lasifika, izinin hakimi da sanin jami'an tsaro, sai matashi mai baki da zai yi sharhi. Idan an samu mai kalangu ya bi motsin da kiɗa, kamar yadda mai fiyano ke yi a gidajen sinima na da, ya ƙara armashi. A Night in the Show bai kai rabin awa ba. Ana iya farawa da an idar da isha'i, a haɗa shi da guntun Ibro guda ɗaya, kowa ya isa gida kafin ƙarfe tara.